Kazar Umma a Faifan Turawa

Akwai wata Juma'a a Manchester da ba na jin za ta taɓa fita daga raina, ko da tsufa ya kwashe min sauran abubuwa. Shekaru sun ja tun daga lokacin, yarinyar da nake riƙe wa hannu a ranar yanzu ta fi ni tsawo, amma in na rufe ido har ƙamshin ɗakin nake ji: lemon kwalba da ya zube a kafet da rigunan sanyi masu danshi.

A lokacin muna zaune a unguwar Moss Side, a cikin jerin gidajen nan masu manne da juna. Maigidana yana karatun digirinsa na uku a jami'a, ni kuma ina gida da 'yarmu, wadda ba ta isa shiga makaranta ba tukuna. Shekarun nan ne da gwamnati ta tsuke bakin aljihu, kullum sai ka ji an rufe wani abu, yau laburare, gobe wurin wasan matasa. Ni dai labari ne nake ji a rediyo ina wanke-wanke, har sai da abin ya iso wurin da nake kai 'yata.

Wata 'yar cibiya ce ta council, wato ƙaramar hukuma, ta iyaye da ƙananan yara. Ɗaki biyu ne da ɗan kicin, da kafet mai zanen tituna da yara ke tura motoci a kai. Wanda bai taɓa yin hunturun farko a ƙasar da bai san kowa ba zai ga kamar ba wani abu ba ne. Ni kuwa nan ne kaɗai nake magana da babban mutum kafin maigidana ya dawo. Matar da ke kula da wurin a nan Moss Side aka haife ta, iyayenta daga Jamaika suka zo. Doguwa ce mai jiki, in tana dariya har kafaɗunta rawa suke. Yara suna ce mata Anti, mu ma iyaye sai muka bi bakinsu.

Ranar da za a rufe cibiyar aka yi ɗan biki na ban kwana. Kowa ya kawo abin da ya iya, ni na soya cincin. Ana cikin ci sai Anti ta fito daga ɗakin ajiya rungume da wani akwati mai murfi, ta ɗora a tebur ta buɗe. Garmaho ne, na'urar kunna faifai irin ta da. Ta zaro wani baƙin faifai daga kwalinsa, ta hure shi, ta goge da gefen rigarta. Kwalin duk ya koɗe. A jikinsa akwai hoton wani mutum mai doguwar suma riƙe da jita, da wata mata tana murmushi, a tsakiyarsu kuma 'yar tsanar agwagwa sanye da jan takalmin ruwa a ƙafa ɗaya.

Ta ce mana, da Turanci, lokacin da take ƙarama mahaifiyarta tana aikin wanki a asibiti, sai a bar ta gidan maƙwabciya. Da rana tsaka ake sa wani shiri na ƙananan yara a talabijin, gajere, ba ya wuce a sha shayi a tashi. Ta ce duk yaran layinsu a wannan lokacin ba ka jin motsinsu. Waƙoƙin shirin ne aka tara a wannan faifan, kuma nata ne na kanta, tun na yarinta, ta kawo shi cibiyar shekara da shekaru.

"Yau dai ko ba ku so sai kun ji," in ji ta. "Ba wanda zai kore ni daga aiki sau biyu."

Aka yi dariya. Ta ɗora allura. Faifan ya yi ta ƙaras-ƙaras kamar ana toya gyaɗa, sannan jita ta shigo.

Abin da ya fara ɗaukar hankalina ba waƙar ba ce, mutanen ne. Akwai wata kaka Baturiya da ke kawo jikanta, mai ɗaure fuska, ban taɓa jin ta yi doguwar magana ba. Sai ga ta tana bin waƙa baki har kunne. Wani uba mai zane a hannu ya sunkuyar da kai yana murza ido. Na tsaya ina kallonsu ina mamaki, yaya za a yi manya masu furfura su narke haka a kan waƙar burodi da man shanu? Har ina cewa a raina bari in koma gida in ba maigidana labari mu yi dariya.

Sai waƙar agwagwa ta shigo.

Kafin a furta kalma ɗaya na ji tsikar jikina ta tashi. Na san wannan karin. Ba sanin an taɓa ji a shago ko a mota ba, sanin da mutum ke yi wa ƙofar gidansu. Mutumin faifan yana rera labarin agwagwa da ta jefar da takalminta a cikin taɓo ranar ruwa, ni kuma bakina ya buɗe da kansa:

Kaza ta fita yawo, ta bar ɗanta a gida,
Ɗan tsako yana kuka, wa zai ba shi tsaki?
Kur-kur, kaza, rana ta yi,
Kur-kur, kaza, komo gida.

Ban san da ƙarfi nake yi ba sai da na ga ɗakin ya juyo. 'Yata ta ja min mayafi, cikin Turancinta na 'yan Manchester tana cewa ai wannan waƙar wanka ce, me ya sa mutumin yake ɓata ta. Anti ta ɗaga allurar.

"A ina kika san wannan?"

Na ce, "Waƙar mahaifiyata ce."

Ta ce, "A'a, 'yar uwa. Waƙar agwagwa ce. Tun ina da haƙoran yarinta nake yin ta."

Na ce ni ma haka.

Muka tsaya muna kallon juna, kowa na ganin an shigar mata ɗaki. Sai ta yi dariyar nan tata, ta ce to mu ji sauran. Bayan mutane sun watse muka zauna a kan ƙananan kujerun yara, gwiwoyinmu har ƙirji, ta kunna faifan daga farko har ƙarshe, gaba da baya. Ga waƙar da Umma ke yi mana in za mu wanke hannu. Ga ta ƙirga yatsu. Ga wadda ake yi ana tafi in za a tashi daga aji. Fiye da rabin faifan na san karinsa, sai dai kowace da Hausarta a kaina, kuma ma'anar ba ta haɗu da ta Turancin ko ta ina ba. Wani abu kuma na lura da shi: a yawancinsu farkon daidai yake, amma in an doshi ƙarshe sai hanya ta rabu. Inda faifan ke hawa sama, ta Umma sauka take yi.

Bari in gaya muku wace ce Umma. Malamar ƙananan yara ce a Zariya, ta yi aikin har ta yi ritaya. Waɗannan waƙoƙin da su ta raine mu, da su ta koyar, har ya zama duk yaran unguwarmu sun iya su. Na taɓa jin wata mai tallan gyaɗa tana rera ta kazar a bakin kasuwar Samaru, na tsayar da ita na ce ta san ko waƙar wa take yi? Haka muka taso da alfaharin Umma ce ta ƙirƙire su. Yanzu da nake tunani, ban tuna ranar da ita da bakinta ta ce haka ba. Mu muka yanke. Kuma abin da ya ɗaure min kai, gidanmu ba a taɓa ajiye garmaho ba, talabijin ma sai da na yi wayo aka saya, ban kuma taɓa ganin wata agwagwa mai takalmi a cikinta ba. Umma ba ta taɓa taka ƙasar Turai ba sai da tsufanta. To ta ina kaza da agwagwa suka haɗu?

Da a ce shekara guda kafin nan ne, da waya kawai zan ɗaga. Amma a lokacin Umma tana Birmingham a gidan Yaya, babban wana, wanda likita ne, GP. Ta zo ganin jikoki ne ciwon shanyewar ɓarin jiki ya same ta a can. Hannun dama da ƙafar dama suka tafi, magana ma ta tafi. Abin da ya rage a bakinta "to" ne da "Allah". In tana jin ƙishi "to", in ta gaji "to", in ka tambaye ta sunanka "to". Mai koyar da magana ta zo 'yan lokuta, daga nan aka ce a jira layi, layin kuwa ba ya motsi. Matar da ta kwashe rayuwarta tana koya wa 'ya'yan mutane buɗe baki, ga ta zaune tana kallonmu.

Anti ta ji wannan duka daga bakina. Ta mayar da faifan kwalinsa, ta rufe garmahon, ta turo min su. Ta ce na'urar ta cibiya ce, an ce duk abin da ba a ɗauka ba bola za a kai. Faifan kuwa aro ne, in kula mata da shi kamar jariri.

Da yamma na kira Yaya. Ina ta zuba cikin zumuɗi, har ina rera masa.

Can ya ce, "To yanzu me kike so ki tabbatar? Cewa kwaikwaya ta yi?"

Na ce, "Haba Yaya, ni so nake kawai in sani."

"Son sanin nan naki ne matsalar. Mace tana kwance, ba ta iya kare kanta, ki zo ki kunna mata abu a ka, kamar kin kama ta da kayan wani. In ranta ya ɓaci ta yaya za ta faɗa? Da 'to'?"

Maganar ta dake ni, don ban kalle ta ta nan ba. Ya ce in zo ƙarshen mako, ai dama na kwana biyu ban zo ba, amma in bar akwatin a Manchester. Na ce to. Sai dai ita ma tawa "to" ɗin ba a san abin da ke cikinta ba.

Washegari na naɗe garmahon a zani, na sa faifan tsakanin tawul biyu, na kama hannun 'yata muka hau doguwar bas zuwa Birmingham. Direba ya ce in sa kayan a ƙasa wurin akwatuna, na ƙi, na rungume shi a cinya har muka isa, ƙafafuna suka yi sanyi. A hanya nake ta juya maganar Yaya. Gaskiya ne ina iya ɓata mata rai. Amma wani abu yana ci na tun da ciwon nan ya zo: duk mun koma yanke mata hukunci. Abin da za ta ci, inda za ta zauna, ko za a mayar da ita gida ko a bar ta nan, a gabanta ake tattaunawa kamar ba ta ɗakin. Yaya da kansa yakan ce ba mu san nawa take fahimta ba. Ni kuma ina ganin idonta, na san tana ciki.

Gidan Yaya yana unguwar Sparkbrook, bayan Stratford Road kaɗan, inda ƙamshin gasasshen nama ke biyo ka har ƙofa. Sun mayar da falon ƙasa ɗakin Umma. Na same ta a kujerarta ta bakin taga, an lulluɓe mata ƙafa da bargo, tana kallon masu wucewa. Na durƙusa na gaishe ta. Ta shafa kan jikarta da hannun hagu, ta ce "to".

Yaya ya ga ƙunshin zani ya kalle ni. "Ba mun yi magana ba?"

Na ce, "Mun yi. Ba zan kunna ba sai in ita ta ce."

"Ta ce? Da wane bakin?"

Matarsa ce ta shiga tsakani, Allah ya saka mata da alheri, don ita ce ke wanka da ciyarwa, ta fi mu sanin Umma ta wannan lokacin. Ta ce, "Baban yara, ka bari a nuna mata mana. In ba ta so abu ba ai ture shi take yi. Jiya ma ta ture min kunu."

Bayan an yi azahar aka ci abinci, na zaro kwalin faifan na ɗora mata a cinya. Ta dube shi, ta kawar da kai wajen taga, sai kuma ta dawo da sauri. Ta jawo shi kusa da fuska. Ta daɗe tana kallo, har na fara nadama. Sannan ta sa yatsa a kan jan takalmin agwagwar, ta ƙwanƙwasa, ta ɗago ta kalle ni, gefen bakinta mai motsi ya ɗan ɗaga. Ta waiga tana neman wani abu a ɗakin har idonta ya sauka a kan ƙunshin zani. Ta nuna shi da haɓa.

Matar Yaya ta ce, "To ka ji."

Yaya ya miƙe. Shi ya nemo inda za a jona, ya ja kujera ya zauna a bakin ƙofa da kofin shayinsa, fuskar nan tasa ta asibiti.

Ƙaras-ƙaras ɗin ya fara. Waƙar farko ta wuce, Umma ta runtse ido. A ta biyu na ga babban yatsanta na hagu yana bugun hannun kujera, daidai da kiɗan, ba ya kuskure. Sai agwagwa ta shigo. Layi na farko, na biyu, kanta yana ɗan gyaɗawa. Da aka zo na uku, inda mutumin ke ɗaga murya sama, sai ta buɗe ido, ta haɗe gira, irin haɗewar da duk wanda ya zauna ajinta ya sani. Ta daki hannun kujerar.

"Ba haka ba!"

Kalmomi uku ne cif, a bayyane, da muryarta ta malama. Shayin Yaya ya zube masa a wando bai ma sani ba. Na yi wuf na ɗaga allura.

Umma ta gyara zama, ta ja numfashi, ta fara. Muryar ta dushe, harshen yana ja, wasu haruffan suna narkewa, amma kalmomin suna nan a jere, ba wadda ta faɗi. Kaza ta fita yawo, ta bar ɗanta a gida. Da ta zo layi na uku ta sauke shi ƙasa yadda muka sani, tana kallon garmahon, kamar ɗalibi ne take gyara wa. 'Yata ta kama mata kur-kur ɗin. Matar Yaya ta toshe baki da mayafi. Ni dariya nake yi da kuka a haɗe, ban san wanne ya fi yawa ba.

Da na waiga babu Yaya. Na same shi a kicin ya dafa bakin wurin wanke-wanke, ya juya baya. Ba tare da ya juyo ba ya ce min a likitance an san wannan, waƙa da magana ba hanya ɗaya suke bi a ƙwaƙwalwa ba, wani sa'in ɗaya ta toshe ɗaya tana buɗe. Ya ce ya sha gaya wa iyalan marasa lafiya haka. "Amma da ya zo kan tawa uwar, tsoro ya hana ni gwadawa. Na ce in na rera mata ta yi shiru fa?" Ban taɓa ganin Yaya yana kuka ba tun rasuwar Baba. Na miƙa masa tsumma ya goge wandonsa, muka koma.

To amma tambayata tana nan. Na durƙusa gabanta na ce, "Umma, a ina kika ji waɗannan? Wa ya kunna miki?" Ta buɗe baki, ta yi ƙoƙari har jijiyar wuyanta ta fito, abin da ya fito shi ne "to". Ta sake, "to". Ta yi tsaki. Sai ta ɗaga hannu ta kara a kunne alamar waya, ta kuma sauke tafin hannu ƙasa-ƙasa alamar ƙarami. Matar Yaya ce ta gane: Inna take nufi, ƙanwarta da ke Zariya.

Aka kira Inna aka sa a lasifika. Bayan doguwar gaisuwa na kwashe labari na gaya mata. Ta kwashe da dariya har da tari.

"Faifan Baturiya! Wai har yanzu akwai irinsa a duniya?"

Ta ce kafin Umma ta yi aure, tana 'yar budurwa, ta samu aikin taimaka wa wata Baturiya a ajin ƙananan yara na makarantar 'ya'yan ma'aikata. Mijin matar malami ne a jami'a. Da ta je hutu ƙasarsu sai ta dawo da wannan faifan, tana kunna wa yara ranar Juma'a kafin a tashi. Bai yi zango guda ba aka manta shi a bayan mota da tsakar bazara. Da aka ɗauko shi ya lanƙwashe ya zama kamar ƙwaryar da aka zauna a kai. Yara suka yi ta kuka ranar Juma'a, ita kuma Baturiyar, in ji Inna, in ta yi waƙa har kare sai ya bar tsakar gida. Umma ta ce ita ta riƙe karin a kanta. Amma Turancin yana gudu, ba ta kama rabinsa ba, wanda ta kama kuma bai shige ta ba.

"Ta dawo gida tana cewa, 'Wai agwagwa da takalmi! Ita da ke kwana a ruwa me za ta yi da takalmi? Yaran nan in sun tambaye ni me zan ce?' Shi ne muka zauna bakin rijiya muna wanki, tana rera karin muna sa masa magana. Kuma ku sani, wannan tsakin da ɗan tsako ke nema, ni na sa shi."

"Ƙarya!" in ji Umma daga kujera.

Sai muka ji Inna ta ce, a hankali, "Yayata? Ke ce?" Daga nan ba a ƙara fahimtar abin da kowa ke cewa ba, kuka daga Zariya, kuka daga Sparkbrook, Umma kuma tana ta girgiza kai, ita dai ba ta yarda da maganar tsaki ba.

Da aka lafa na ce, "Inna, duk shekarun nan me ya sa ba wanda ya gaya mana?"

Ta ce, "Wa ya tambaya? Ku dai kuna ta rerawa."

Ba zan ce muku Umma ta warke ba, don ba ta warke ba. Amma daga ranar gidan ya canza. Matar Yaya ta koma yi mata tambaya cikin waƙa, ta ɗauki karin wanke hannu ta sa masa "ruwa ko shayi", Umma ta amsa a cikin karin. A hankali wasu kalmomi suka dawo ko ba waƙa: sunayen jikokinta, "ruwa", "bari", da "ƙarya", wadda ta fi kowace yi mata daɗi. Kuma da aka sake tayar da zancen komawa gida, Yaya kujera ya ja ya zauna gabanta ya tambaye ta. Ta ce, "Gida." Aka kai ta.

Na mayar wa Anti faifanta. A lokacin ta samu aiki a wani gidan kula da tsofaffi, na same ta a wurin hutunta na rana, na kunna mata muryar Umma da na ɗauka a waya. Ta saurara har ƙarshe, ta sa na maimaita, sannan ta ce ba za ta faɗa a gaban mutanen layinsu ba, amma saukar nan ta layi na uku ta fi daɗi.

Sai dai akwai waƙa ɗaya da ba ta cikin faifan. Ita ce Umma ke yi mana in zazzaɓi ya kama mu, ko in Baba ya yi tafiya ya daɗe. Ba ta da tafi, ba ta da dabba a ciki, a hankali ake yin ta, kusan a maƙogwaro. Na rera wa Anti, ta ce ba ta taɓa ji ba. Ta haɗa ni da wasu mutane masu tara irin waɗannan fayafayan, ashe jama'a ce guda, tsofaffin yaran shirin, suna da dandalinsu a intanet inda suke musu a kan launin kwali da wanda ya kaɗa jita. Har kasuwar tsofaffin fayafayi na je a Birmingham, na tsaya cikin dattawa masu rigunan ulu ina rera musu waƙar zazzaɓi, suna karkata kunne da gaske, kowa yana girgiza kai. Shirin ya fitar da wasu fayafayan bayan wancan, na saurare su duka. Babu ita. Inna ma ta ce ba a bakin rijiya aka yi ta ba.

Zuwana Zariya na ƙarshe kafin rasuwarta na zauna kusa da ita na rera mata, ta kama min har ƙarshe. Na ce, "Umma, wannan fa? Taki ce, ko ita ma wani wuri kika ji?" Ta daɗe tana kallona. Na ga amsar a idonta, doguwa ce, da mutane a ciki, da wurare. Ta motsa baki, ta ce, "To." Da wannan ta tafi. Har yau ban sani ba ko ita ta yi ta, ko kakarmu ce ta yi mata, ko wata mata ce da ban taɓa jin sunanta ba.

Abin da wannan al'amari ya koya min ba mai wuya ba ne, amma sai da na biya shi da tsada. Mun zauna da matar nan shekara da shekaru tana da bakinta, tana da labarinta, ba ɓoyewa take yi ba, mu ne muka ɗauka mun gama saninta don ita ta haife mu. Tambaya ɗaya ana tsintar shinkafa da ta ishe ni. Saboda haka in naku iyayen suna raye, kuma harshensu yana juyawa, ku tambaye su yau. Ba sai manyan abubuwa ba. Ku tambayi ƙananan: wa ya koya musu miyar nan, me ya sa suke kiran ku da sunan da suke kiran ku, ina suka samo abin da suke rerawa in sun zaci ba mai ji. Suna da amsa, jira kawai suke a tambaya, kuma ba kullum za su iya bayarwa ba.